Amsa ga ƙanenmu mai buga organ a Kasala da ke son shiga kiɗan fim da wasan kwaikwayo

Assalamu alaikum jama'a. Ƙanena na Kasala, ka ce kana buga organ a gidajen biki, kunnenka na kama waƙa da ji ɗaya, kuma ranka na son ka koma tsara kiɗan musalsal (wasan talabijin mai dogon zango) da fim da wasan dandamali. Ka tambaya ta ina ake shiga, kuma ko sana'ar na riƙe gida. Ni ma ta organ na shigo, a bayan mawaƙa a Omdurman, daga baya na koma tauzi'i, wato raba wa kayan kiɗa aikinsu a cikin waƙa, da kiɗan wasannin rediyo da na dandamali da tallace-tallace, har yaƙi ya kawo ni Bur Sudan. Abin da idona ya gani zan gaya maka.

Tana riƙe gida, amma ba ta ƙofa ɗaya ba. A cikin abokan aikina ban ga wanda kiɗan fim kaɗai ya ciyar da iyalinsa a ƙasar nan ba, don finafinan da ake yi ba su da yawa. Mutum zai tsara wa mawaƙi waƙa yau, gobe ya yi talla, in azumi ya gabato ya samu kiɗan buɗe shiri, ranar Alhamis da dare kuma yana wajen biki yana jiran adadinsa, wato ladan kiɗan daren. Don haka kada ka ajiye bikin. Shi zai saya maka kayan aiki, kuma a can kake ganin yadda jikin mutane ke amsa kiɗa, abin da babu ajin da ake koyar da shi.

Abin da na fi so ka riƙe daga duk maganata shi ne ka koyi karanta nota, wato rubutun kiɗa, da rubuta ta, ka fara tun makon nan. Na san za a ce maka manyanmu da kunne suka yi aiki. Gaskiya ne, mulahhin, mai ƙirƙiro karin waƙa, yana iya ɗaukar udu ya rera abin da ya zo masa, ya bar wa duniya waƙar da ba za ta mutu ba, bai taɓa riƙe takardar nota ba. Amma kai aikin muwazzi, mai tauzi'i, kake nema, shi kuwa muwazzi kamar tela yake: yadin na wani ne, awo da yanka da ɗinki nasa ne. Shi zai yanke abin da 'yan kamanja, gogen Turawa, za su ja, inda akodiyon zai amsa wa mawaƙi, inda bas zai taka, inda kowa zai yi shiru. Ranar burofa, wato gwaji, makaɗa sun fi goma a gabanka, ana biyan ɗakin naɗi da awa. In sai ka bi su ɗaya bayan ɗaya kana rera wa kowa nasa da baki, rana za ta faɗi ba a naɗi komai ba, kuma mai kuɗin ba zai sake nemanka ba. In ka raba takardu, kafin shayi ya huce an fara.

Rubutun ne kuma zai tilasta maka sanin halin kowane abin kiɗa. A kan organ komai yana fita, ka danna maɓalli ka ji kamanja tana sauka har ƙasa. Kamanjar gaske tana da iyaka, ba ta sauka ƙasa da Sol ɗin tsirkiyarta ta huɗu. Turampet da saksafon tenor, in ka rubuta musu sautin Do, na ƙasa da shi za ka ji, wato Si bemol. Saksafon alto kuma Mi bemol zai ba ka. Dole ka ɗaga musu rubutun kafin ka miƙa, in ba haka ba za su busa daidai abin da ke takarda, kiɗan ya fito a karkace. Mai busa kuma numfashi yake yi, sai ka bar masa wurin shaƙar iska. Akwai MuseScore, kyauta ne, kana rubutawa yana buga maka abin da ka rubuta. Da shi za ka iya farawa kai kaɗai, amma ka nemi wani tsohon ɗan bandin soja ko na 'yan sanda a garinku ka riƙa kai masa yana dubawa. Mutanen nan da nota suka tashi, kuma da yawansu suna jin daɗin a zo a tambaye su.

Ka san kuma gidan da kake son shiga. Rediyon Omdurman ya fara aiki a 1940, kuma shekara da shekaru ƙungiyar makaɗan gidan ce makarantar kowa. A wancan zamanin sai kwamiti ya amince da muryarka da baitinka da karinka kafin a naɗe ka, kuma a tashi ɗaya ake naɗi, wanda ya yi kuskure ya mai da kowa farko. Dandamalin wasan kwaikwayo na ƙasa a Omdurman an buɗe shi a 1959. Ma'ahadin, wato makarantar, kiɗa da wasan kwaikwayo an kafa shi a 1969, daga baya ya zama kwaleji a Jami'ar Sudan ta Kimiyya da Fasaha, kuma malamai daga Koriya ta Arewa sun koyar a cikinsa. Daga nan aka samu waɗanda suka mai da tauzi'i sana'a mai zaman kanta. Ka saurari abin da Yusuf al-Mausili ya tsara wa mawaƙa. Ka saurari yadda Igd al-Jalad ke raba muryoyi, ƙungiyar da ta taso daga ma'ahadin a 1984. Ka saurari waƙar al-Wud ta Muhammad Wardi, wadda Andre Ryder ya tsara a Alƙahira, ka lura da abin da ke gudana a bayan muryar. Sarewar Hafiz Abdurrahman kuwa ka sha jin ta a bayan shirye-shiryen rediyo da talabijin ko ba ka san sunan mai ita ba. Kada ka saurara don jin daɗi kawai. Ka ɗauki fensir ka bi layi ɗaya daga farko har ƙarshe, yau bas, gobe kamanja.

Ga inda matasa suka fi tuntuɓe. Kiɗan tsakiyar Sudan a kan sauti biyar yake tafiya, khumasi, ba ya da rabin taki, ba ya kuma da rubu'in sautin nan na maƙamai, wato tsarin sautukan Masar, irin su rast da bayati. Organ ɗinka kuwa, Korg ne ko Yamaha, rakiyar da ke cikinsa, kiɗan da yake bugawa da kansa a bayan kari, an gina ta ne a kan sauti bakwai. Sai yaro ya ɗora kari na khumasi a kan wannan rakiyar, hannun hagu yana cusa sautukan nan biyu da karin ya guje musu, waƙa ta fito da ɗanɗanon wata ƙasa, tsofaffi su ce ba tamu ba ce, shi kuma ya rasa dalili. Abin da na ga yana aiki shi ne ka rage cika hannu. Ka jingina da tazarar huɗu da ta biyar, ka bar bas ya yi tafiyarsa cikin sautuka biyar ɗin, maimakon tara sauti a dunƙule kuma ka rubuta kari na biyu da zai riƙa amsa wa na farko a inda mawaƙi ya numfasa. Sautin waje in za ka shigo da shi, ya zama da niyya, a wurin da labari ke neman baƙunta ko fargaba. Haka ma bugu. Tumtum daban, mardum na Kurdufan da Darfur daban, dalib na arewa daban, sira ta rakiyar ango daban. Darakta zai ba ka fitowar da ke faruwa a ƙauyen Shaigiyya, mutanen arewa masu dalib, in ka sa mata mardum duk mai kallo ɗan ƙasa zai ji an yi masa ƙarya tun kafin ɗan wasa ya buɗe baki.

A nan mu Hausawa muna da rabo babba, kuma yana ba ni takaici yadda 'ya'yanmu ke ɓoye shi. Wanda ya tashi a Mai Wurno ko Gadarif ko unguwanninmu na Kasala da kunne biyu ya tashi. Ya ji gangar daluka da tambur mai tsirkiya na Sudan, ya kuma ji kalangu da goge da algaita. Yawancin karin gogenmu da na garaya yana zama lafiya da khumasi, ba sai an tilasta ba. Kalangu kuwa yana hawa yana sauka da matsin hammata, wanda ya iya shi zai sa mai kallo ya ji zuciyarsa na bugawa ba tare da an kira wata babbar ƙungiya ba. Na taɓa sa goge shi kaɗai a ƙarƙashin fitowar wata uwa da ke jiran ɗanta a tasha, daraktan da ba ya jin Hausa ko kalma ɗaya ya ce kada a ƙara komai a kai. Sai dai ka naɗo makaɗin gaske, ka biya shi, ka sa sunansa. A'isha Falatiya 'yar mutanenmu ce, tana cikin matan farko da aka ji muryarsu a rediyon Omdurman a farkon shekarun 1940, 'yar'uwarta Jidawiyya kuma tana kaɗa udu. Ba baƙi ba ne mu a gidan nan.

Kiɗan fim shi kuma da agogo ake yin sa. Za ku zauna da darakta ku kalli aikin bayan an gama yanka, ku rubuta daƙiƙar da kiɗa zai shiga da wadda zai fita. Kada ka fara kafin ya tabbatar maka ya rufe yanka, don in ya cire daƙiƙa uku daga baya duk abin da ka auna ya goce. Lissafin ba wuya. Fitowa mai daƙiƙa 30, in ka ɗauki gudun bugu 96 a minti, bugu 48 ke nan, wato gida 12, kowane gida bugu huɗu. In 120 ka ɗauka, gida 15 za ka samu. Da haka za ka sa saukar kiɗa ta faɗo daidai inda aka rufe ƙofa. Ka tambayi mai yanka ko hoto 24 yake gudu a daƙiƙa ko 25 irin na talabijin ɗinmu, ka naɗi sautinka a 48 kHz, ka kuma miƙa aikin a rarrabe, ganguna daban, tsirkiya daban, busa daban, don mai haɗa sauti ya iya rage ɗaya bai kashe sauran ba.

Mafi wuya ga wanda ya fito daga biki shi ne yin ƙasa da hannu. A biki in ka yi shiru fili ya mutu. A fim magana ce sarauniya. Sarewa da saksafon da kamanja ta sama suna zaune ne a inda muryar mutum take, in suna kari ɗan wasa yana magana sai su yi ta kokawa, mai kallo ya rasa duka biyun. A ƙarƙashin magana ka riƙe dogon sauti a ƙasa, ko ka fita gaba ɗaya. Fitowar mutuwa ba dole ta sha kukan kamanja ba. Sau da yawa takun mutane da kukan mata sun isa, kiɗan ya jira sai an watse.

Dandamali ya saɓa da wannan, domin ɗan wasa ba ya maimaita tsawon maganarsa daidai kowane dare. A can kalma kake jira ko ɗaga hannu ko sauyin fitila, sai ka rubuta ɗan guntun da za a iya juyawa ana maimaitawa har alamar ta zo. Ka halarci burofa tun ana karatu a zaune. Talabijin kuma abin da yake nema a wurinka kari ne gajere da yaro zai iya fito da shi da fito bayan ji biyu, sai ka yanka shi gunduwa-gunduwa na shiga talla da dawowa.

Maganar kuɗi, ka rubuta. Ko abokinka ne, ko a masallaci ɗaya kuke salla. Takarda ta faɗi minti nawa na kiɗa, gyara sau nawa, wa zai biya makaɗa da ɗakin naɗi, a ina za a nuna aikin, kuma yaya za a rubuta sunanka. Ka karɓi rabi kafin ka fara, kada ka miƙa aikin a rarrabe sai an cika. Wani kamfani ya taɓa karɓar kiɗan da na yi wa shiri ɗaya, bayan shekara na ji shi a tallar wani kaya, ba sunana ba ladana, kuma ba ni da takardar da zan nuna wa kowa tunda da baki aka yi maganar. Sunan nan da ke wucewa a ƙarshen shiri, wanda ba mai tsayawa karantawa, daraktoci suna karantawa, ta nan aiki na gaba ke zuwa.

Halin da ake ciki ba sai na gaya maka ba. A 15 ga Afrilu 2023 yaƙi ya ɓarke, Khartum ta watse, ginin rediyo da talabijin kansa ya zama fagen daga, abokan aikinmu suna Alƙahira da Kampala da Jidda da Riyad. Duk da haka a shekarar ce fim ɗin Wada'an Juliya na Muhammad Kurdufani ya samu kyauta a bikin finafinai na birnin Kan a Faransa, kuma ɗan Sudan ne ya yi masa kiɗa, Mazin Hamid. Saudiyya ma ta sake buɗe gidajen silima a 2018, bikin finafinai na Bahar Maliya ya fara a Jidda a 2021, ana neman masu wannan aiki. Yau yawancin abin da nake yi ta intanet yake zuwa, ya koma ta intanet. Kwamfuta matsakaiciya, katin sauti, makirfo ɗaya mai kyau da abin sawa a kunne sun isa farawa. Kafin ka sayi sabon organ ka sayi batir da faifan sola, ka kuma riƙa ajiye aikinka a wuri biyu, domin na san waɗanda suka bar aikin shekaru a cikin kwamfuta ɗaya a Omdurman.

Ka ce Baba bai saki jiki da abin ba. Kada ka yi jayayya da shi. Ka kiyaye sallarka da lokacin dawowarka gida, ka zaɓi irin aikin da za ka iya kunna masa ba kunya, ka riƙa nuna masa.

Ga abin da za ka yi kafin ƙarshen wata. Ka nemi matasan da ke wasan kwaikwayo a garinku ko a wuraren da 'yan gudun hijira ke zaune, suna nan, kuma ba su da mai yi musu kiɗa. Ka ɗauki fitowa ɗaya ta minti biyu da waya, ka yi mata kiɗa iri biyu, ɗaya da organ yadda ka saba, ɗaya da abin kiɗa guda tak wanda ka rubuta notarsa da hannunka, ko da layi takwas ne. Ka ɗauki hoton takardar ka turo tare da sautin, zan duba in nuna maka inda za a gyara. Allah ya sa albarka, ya kuma kawo wa ƙasarmu zaman lafiya.