Da wanne zan fara a finafinan waƙa na Faransa?

Ɗan'uwa, ka ce kana so ka fara kallon tsofaffin finafinan waƙa na Faransa, amma an gaya maka kwaikwayon Hollywood kawai suka yi. Na daɗe ina kallonsu. Gaskiya sun yi aro, kuma ba su ɓoye ba.

Fara da Les Demoiselles de Rochefort na 1967, na darakta Jacques Demy. Shi bai tsaya kwaikwayo daga nesa ba, takanas ya ɗauko Gene Kelly daga Amurka, gwanin rawar nan na fim ɗin An American in Paris, ya haɗa da George Chakiris na West Side Story. Kelly ya haura hamsin lokacin, amma ka ga yadda yake juyi a bakin titi sanye da riga ruwan hoda, kamar ƙafarsa ba ta taɓa ƙasa. Har tagogin garin Rochefort, inda aka ɗauki fim ɗin, aka sake wa fenti don launi ya fito. Tagwayen fim ɗin, Catherine Deneuve da Françoise Dorléac, ya da ƙanwa ne na gaske. Françoise ta rasu a haɗarin mota a shekarar da ya fito, shi ya sa dariyarta a ciki take taɓa ni.

Sai ka koma Les Parapluies de Cherbourg na 1964, wanda ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Cannes. Nan Demy ya bar hanyar Amurkawa. Babu rawa, kuma babu magana ko ɗaya da ba a rera ta ba, kan kiɗan Michel Legrand. Mu da muka tashi da finafinan Indiya mun saba a dakatar da labari a yi waƙa. Nan kuwa ko bakanike zai yi maganar injin mota, da waƙa zai yi. Farkon kallona abin ya yi min banbaraƙwai, kafin minti goma na daina lura.

Labarin kuma na talakawa ne: an kai saurayi yaƙin Aljeriya, budurwa na da ciki, ga bashi ya taso wa shagon lemar uwarta. A Hollywood da an san yadda za a haɗa su. Demy sai ya bar su suka gamu bayan shekaru a gidan mai, dusar ƙanƙara na zuba, kowa da iyalinsa, suka gaisa sama-sama. Ranar na jima zaune ban iya tashi ba.

In ba ka jin Faransanci, nemi mai fassara a rubuce a ƙasa, don ka ji muryoyin asali.