Zango Ba Masai: Yaya Za Mu Yi da Ƙazanta?

Tambaya: Malam, ni makiyayi ne daga Damagaram. Da damina mukan hau arewa wajen Tanut da iyali da dabbobi, muna sauya zango. Yaya za mu yi da bayan gida da shara, ga yara suna fama da zawo?

Amsa: Allah ya ba yaran lafiya, ɗan'uwa. Duk inda kuka sauka, ku haƙa rami mai zurfin kamar mita 1, nesa da rijiya ko tafki da aƙalla mita 30, kuma a gangare, domin kada ruwan sama ya kwashe ƙazantar zuwa mashaya. Wanda ya kewaya ya zuba tokar murhu cike da tafin hannu a ramin, ya bi da ƙasa, saboda toka tana busar da kashi, tana kashe wari, tana kuma hana ƙuda sauka su koma kan ƙwaryar nono. Kashin jarirai ma can za a kai shi, don shi ne aka fi rainawa alhali yana ɗauke da cuta. A wanke hannu da sabulu ko toka.

Ranar tashi ku cike ramin, kada a tone shi sai ya shekara.

Leda kuwa ba ta ruɓewa, kuma na ga akuya ta rame ta mutu da ita cunkushe a tumbi. Ku tara ta a buhu.