Kocin ɗana yana hana su ruwa, wai haka ake ƙera gwarzo

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Muna zaune a jihar Texas, ɗana mai shekara 16 ya shiga ƙungiyar ƙwallon ƙafar Amurka ta makarantarsu. Tun da aka fara atisayen watan Agusta yake dawowa a galabaice. Ya ce in sun yi kuskure sai kocinsu ya hana su shan ruwa, ga tsawa ga zagi. Mahaifinsa ya ce in ƙyale, haka duk manyan kociyoyi suke yi. Na kasa barci. Daga wata uwa.

AMSA: Wa'alaikumus salam, Hajiya. Kina da gaskiya, kuma ki gaya wa maigida a dubi rayuwar Tony Dungy, ɗaya daga cikin manyan kociyoyin wannan wasa.

An haife shi a 1955 a jihar Michigan. Shi ne mai jefa ƙwallo a Jami'ar Minnesota, amma a zaɓen 'yan wasa na 1977 babu ƙungiyar NFL, wato babbar gasar ƙwallon ƙafar Amurka, da ta ɗauke shi. Daga baya Pittsburgh Steelers ta ba shi dama, ta mayar da shi ɗan baya, ya ci kofin Super Bowl, wato kofin zakarun gasar, tare da su a kakar 1978. Wasansa bai wuce kaka uku ba, sai ya koma horarwa a ƙarƙashin Chuck Noll, kocin Steelers, yana ɗan shekara 25. Ya jagoranci ƙungiyar Tampa Bay daga 1996, aka sallame shi a farkon 2002, Indianapolis Colts ta ɗauke shi. A Fabrairun 2007 ya doke Chicago Bears da ci 29 da 17, ya zama baƙar fata na farko da ya ci wannan kofi a matsayin babban koci. Abin da aka san shi da shi a duk tsawon shekarun nan shi ne sanyin murya. Ba ashariya, ba hargowa, kuma ƙattai suna bin umarninsa.

Zagin ma da sauƙi. Abin da ke ci min tuwo a ƙwarya shi ne batun ruwan nan, don kullum sai na gamu da wani da ke cewa ƙishirwa tana ƙara juriya. Ƙarya ce tsagwaronta! Ƙishirwa ba ta gina tsoka, ba ta ƙara jarumta. Yaro yana gudu cikin ranar Agusta, kansa cikin hular kwano, ƙirji da kafaɗu a ɗaure cikin sulke, zafin da jikinsa ke haifarwa ba shi da hanyar fita sai gumi. Ka hana shi ruwa, ka toshe wannan hanya ɗaya tilo. Idan zafin jiki ya haura digiri 40 a ma'aunin Celsius, ƙwaƙwalwa da hanta da ƙoda ne ke fara lalacewa.

Wannan ba tsoratarwa ba ce. Korey Stringer, ƙaton ɗan wasan Minnesota Vikings, ya rasu ranar 1 ga Agusta, 2001, bayan zafi ya buge shi a sansanin atisaye, yana da shekara 27. Zafin jikinsa ya wuce digiri 42. A 2018 Jordan McNair na Jami'ar Maryland ya bi bayansa yana ɗan shekara 19. Manyan 'yan wasa ke nan da likitoci ke kewaye da su, ina ga ɗan sakandare?

Akwai kuma masu cewa muddin yaro yana gumi to lafiya lau. Shi ma kuskure ne, mai bugun zafi a fili sau da yawa jiƙe yake sharkaf. Ku lura da hankalinsa: ya fara tangaɗi, yana sambatu, ko ya hau faɗa ba dalili, ko amai. Da an ga haka a tuɓe masa sulken, a tsoma shi cikin bahon ruwan ƙanƙara nan take, a kira 911, lambar gaggawa ta Amurka. Sanyaya jiki ake fara yi kafin a ɗauke shi zuwa asibiti, domin minti 30 na farko su ne ke raba rai da ajali.

Gobe da safe, Hajiya, ki je makarantar da kanki. Ki nemi jami'in kula da lafiyar 'yan wasa da shugaban sashen wasanni, ki rubuta ƙorafinki da kwanan wata, ki riƙe kwafi. Ki tambaye su ina bahon ƙanƙararsu yake, su nuna miki da idonki. Kafin su ba ki amsa, yaron ya zauna a gida.