Tekijuku: makarantar likitanci mai ƙamus ɗaya

Tambaya: Malam, na ji an ce Japan ta rufe ƙofarta ga Turawa sama da shekara 200. To, ta ina likitancin zamani ya shigar mata?

Amsa: Ƙofar ba ta rufu ruf ba, ɗan'uwa. An bar wa 'yan kasuwar Holan wani ɗan tsibiri, Dejima, a Nagasaki, kuma ta nan littattafan Turai suke shigowa. Sai dai littafi ba ya karanta kansa. A nan ne aikin likita Ogata Koan ya shigo. A 1838 ya buɗe makarantarsa ta ƙashin kansa a Osaka, mai suna Tekijuku, inda ake koyon harshen Holan don a karanta likitanci da kimiyya daga tushe.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne yadda ɗaliban suke zaune. Kowa tabarma ɗaya ce rabonsa, a kanta yake kwana, a kanta yake karatu. Ƙamus na harshen Holan da Japananci kuwa kwafi ɗaya ne, rubutun hannu, an ajiye shi a wani ɗan ɗaki da fitilarsa ba ta mutuwa har asuba, saboda masu jiran layi. Sau da yawa a wata sai a zauna da'ira, kowa ya fassara nasa sashe, 'yan'uwansa su yi masa tambayoyi, a ba shi maki. Wanda ya yi zarra shi ke fara zaɓen wurin shimfiɗa. A ganina wannan horon, na mutum ya warware rubutu da kansa, shi ne ainihin abin da makarantar ta bayar.

Koan bai tsaya a aji ba. A 1849 ya buɗe wurin yi wa yara lambar agana, a lokacin da ake raɗe-raɗin cewa wanda aka yi wa zai zama saniya. Da kwalara ta ɓarke a 1858, ya rubuta wa likitoci littafin jagora.

Rajistar makarantar tana ɗauke da sunaye sama da 600. Cikinsu akwai Fukuzawa Yukichi, wanda ya kafa makarantar da ta zama Jami'ar Keio.

A 1862 aka kira Koan Edo, wato Tokyo ta yanzu, ya zama likitan shogun, shugaban soja mai mulkin Japan a lokacin, ya rasu a 1863. Jami'ar Osaka tana ɗaukar Tekijuku a matsayin asalinta, ginin kuma yana nan har yau, da sawun saran takubban ɗalibai a jikin ginshiƙin bene.