Yaya zan ɗauki 'yan Nazi a fim ba tare da na zame musu kakaki ba?

Ɗan uwa, ka ce kana karatun fim a Jamus, kana son yin fim na gaskiya kan masu ƙin Yahudawa, amma kana tsoron kyamararka ta zame musu lasifika. Tsoronka yana kan hanya.

Fara da waɗanda abin ya shafa. Fim ɗin Shoah na Claude Lanzmann, kan kisan kiyashin da 'yan Nazi suka yi wa Yahudawa, wanda ya fito a 1985, ya haura awa 9 amma babu tsohon hoton sansani a ciki, sai bakin shaidu da wuraren da abin ya faru. Kai ma ka leƙa birnin Halle na Jamus. Ƙofar katakon majami'ar Yahudawa da ta hana ɗan bindiga shiga ranar 9 ga Oktoba 2019 tana nan an adana ta, da tabon harsashi a jikinta. A ganina ta fi dogon sharhi.

In ka zauna da mai tsattsauran ra'ayi, kada ka bar shi ya yi ta zuba. Ya yi ƙarya, sa hujja a bayanta nan take. Deeyah Khan, Musulma ce mai shirya fim, da gajerun tambayoyi ta ƙure irinsu a fim ɗinta White Right na 2017.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne sa bidiyon maharin. Na Halle ya watsa nasa kai tsaye a dandalin Twitch, wanda ya kai hari masallatan Christchurch a New Zealand kuma a Facebook. Abin da suke nema ke nan.

Kafin tacewa ka ga lauya. Sashe na 86a na dokar laifuka ta Jamus ya haramta alamomin Nazi, ko da yake akwai sassauci don ilimi da fasaha. Kuma kada ka je ɗauka kai kaɗai.