Kotu ta tsayar da ginina, zan iya ɗaukaka ƙara?

Malam, ka ce maƙwabcinka ya kai ka Babbar Kotun Kano kan gini ba izinin KNUPDA, wato hukumar tsara birane ta jihar Kano, alƙali ya ba da umarnin wucin gadi a dakata. To, da kai aka yi zaman? Idan a bayan idonka aka bayar, koma wa alƙalin ka nemi ya janye. In kuwa an saurari kowa, sashe na 241 na tsarin mulkin 1999 ya ba ka damar zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara kai tsaye, amma cikin kwana 14. Ɗaukaka ƙarar kaɗai ba ta ɗage umarnin, don haka kada birkila ya ɗora ko bulo ɗaya, raina kotu ne. Da ni ne, takardar izinin zan fara bi.