Amsar Kawu kan gonar aro da ɗaukaka ƙara

Ɗana, saƙonka ya iso. Ka ce alƙali ya bar wa maƙwabcinku gonar da kakanka ya ba ubansa aro, wai don ya daɗe yana nomanta. Kana tambaya ko al'adarmu ta cewa aro ba ya zama mallaka za ta yi aiki idan kun ɗaukaka ƙara, har kuna shirin kwasar dattawan gari a mota su je su ba da tarihi.

Ku bar dattawan nan su huta. Kotun ɗaukaka ƙara ba ta sake shari'a daga tushe. Kundi ake kai mata, wato abin da magatakarda ya rubuta na da'awa da bakin shaidu da hukunci. Sabuwar shaida sai da izini, kuma da kyar ake samu. Alƙalin da ya fara yin shari'ar shi ya ga idon shaidu, wataƙila har ya je ya taka iyakar gonar, ya ga gambar da aka dasa da kukar da ake kwatance da ita. Saboda haka na sama ba sa taɓa abin da ya gano, sai in hukuncin ya ci karo da shaidar da ke rubuce ko ya kauce wa doka.

Abin da ya kayar da ku, a ganina, hauzi ne, wato daɗewar abu a hannun mutum. A mazhabar Malikiyya, idan bare ya riƙe gona shekara 10 yana aiki da ita kamar tasa, mai ita yana gari, yana gani, babu abin da ya rufe masa baki amma bai ce uffan ba, ba a ƙara sauraron da'awarsa. Tsakanin dangi wa'adin kan kai shekara 40, don an san ɗan'uwa yana kawar da kai. To amma hauzi ba ya hawa kan aro ko jingina ko haya, a nan al'ada da shari'a bakinsu ɗaya. Sai dai wanda ya ce aro ne, shi zai kawo shaida. Shin shaidunku sun faɗa a gaban alƙali cewa duk kaka mutumin nan yana kawo galla gidanku? Ni na sha ganin damin gero biyu a zauren kakanka daga gonar nan, amma ganina ba ya cikin kundi. In wani ya faɗa an rubuta, alƙali ya tsallake, kuna da ƙafar tsayawa. In kunya ta hana su faɗa, aikin ya yi nauyi.

Ku duba kuma ko an yi muku i'izari, wato tambayar da alƙali ke yi kafin hukunci: kana da sauran magana ko wata hujja? Rashinsa kaɗai ya sha rushe hukunci a ce a sake shari'a.

Sai inda za ku kai ƙarar, kuma nan mutane ke asarar shekaru. Sashe na 277 na tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya taƙaita Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ga aure da gado da wasiyya da kyauta da waƙafi da makamantansu. A shari'ar Magaji da Matari a 2000, Kotun Ƙoli ta ce rikicin mallakar gona zalla ba hurumin Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ba ne. Naku da maƙwabci ne, ba rabon gado ba, don haka lauya ya tantance hanya tun kafin ku biya kuɗin shigar da ƙara.

Batun takardar mallaka da ka ce yana nema a ƙaramar hukuma kuwa, kada ya hana ka barci. Tun Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ake ba da irinta, amma kotuna sun sha soke ta idan wanda aka ba ba shi da tushe a gonar.

Ka je wurin magatakarda cikin makon nan ka nemi kwafin shari'ar gaba ɗaya, don ɗaukaka ƙara tana da wa'adi. Ka turo mini shafukan shaidu in karanta. Ka gaida mahaifiyarka, ka ce mata kada kowa ya shiga gonar da fartanya tukuna.

Kawunka.